Ba a Ce Ƙarya Ta Yi Ba

A daminar 1957 Malam Abdurrahim ya cika shekara tara yana aikin tafinta a kotu a Kaduna. Mutumin Zariya ne, ya yi makarantar Midil, kuma an san shi da hali ɗaya: ba ya ƙara wa magana gishiri, ba ya rage mata. Abin da mai shaida ya faɗa da Hausa shi yake juya wa Joji da Turanci, abin da Joji ya faɗa shi yake juyo wa jama'a. Yana zaune a Unguwar Shanu da matarsa Balaraba da 'ya'yansu uku, kullum da safe ya hau kekensa ya nufi aiki.

Wata Litinin akawun kotu ya miƙo masa takardun wata ƙara da aka ɗaukaka, ya ce ya duba kafin Alhamis. Da ya ga sunayen sai ya gane mutanen unguwarsu ne. Zakari tela ne, mai shago a bakin hanyar kasuwa, wanda kotun majistare ta ɗaure shekara biyar bisa laifin lalata wata yarinya 'yar shekara tara. Sunan yarinyar Maimuna. Ubanta ya rasu, uwarta Safara'u tana dafa gyaɗa tana ba ta talla. Kowa a unguwar ya san maganar, sai dai a ƙasa-ƙasa ake yin ta. Yanzu 'yan'uwan Zakari sun ɗauko lauya, sun ce ba su yarda da hukuncin ba.

Abdurrahim ya koma wurin akawu ya ce, "Mutanen nan unguwarmu ɗaya. Ko za a ba wani?"

Akawu ya ce, "Abokin aikinka ya tafi hutu. Kai kuma ai ba kai za ka yanke hukunci ba, baki kawai za ka ara musu."

Sai ya zauna ya karanta takardun daga farko har ƙarshe.

Ranar da abin ya faru, Maimuna ta fita talla da hantsi, ta dawo da azahar tana kuka, ba farantin gyaɗar. Uwar tana dubanta ta gane. Ta dafa ruwa da bagaruwa ta gasa mata jiki, ta wanke zanen da ke jikinta, ta ja bakinta ta yi shiru don gudun abin kunya. Kwana shida yarinya tana zazzaɓi kafin ta kai ta asibiti, a can ne likita ya sa aka kira 'yan sanda. Likitan ya rubuta cewa ya ga rauni wanda ya fara warkewa, amma bayan kwana shida ba zai iya rantsewa a kan abin da ya jawo shi ba. Shi kuma Zakari cewa ya yi yarinyar ta shigo masa shago ƙafarta duk taɓo, ta taka yadin wani mutum, ya mare ta, ta fita da gudu tana kuka. Iyakar abin da ya haɗa su ke nan, in ji shi.

Ita Maimuna ba a rantsar da ita ba, saboda ƙuruciyarta. An tsayar da ita gaban maza cike da ɗaki, aka tambaye ta me Zakari ya yi mata. Tafintan da ya yi aikin ranar ya rubuta amsarta da Hausa yadda ta faɗa. Sau uku ana tambayarta, sau uku tana cewa, "Ya taɓa ni." Daga nan ta fashe da kuka, ba a ƙara samun komai daga bakinta ba.

Da ya koma gida bayan la'asar ya tarar Balaraba tana tankaɗen gari a tsakar gida. Labari ya riga ya iso mata.

Ta ce, "Malam, wai da gaske ne za a saki telan nan?"

Ya ce, "Ba a ma zauna ba tukuna."

"Ni dai na ga yarinyar nan da idona. Da, in ta shigo da gyaɗa sai ta cika mana gida da surutu. Yanzu ko zaure ba ta leƙawa." Ta ajiye rariya, ta rage murya. "Kuma akwai wadda ta gani. Rabi, matar Hassan mahauci, katangarsu tana kallon bayan shagon. Ta ce ta ga an tura ƙofar shagon daga ciki da rana tsaka, an daɗe, sannan ta ga yarinyar ta fito tana bin bango."

Abdurrahim ya tuna abin da ya karanta. Babu sunan Rabi ko'ina a takardun.

Ya ce, "Ta faɗa wa 'yan sanda?"

"Wa zai bar ta?"

Ya san ba aikinsa ba ne neman shaida. Ya kuma san kotun ɗaukaka ƙara takarda take dubawa, da wuya ta karɓi sabon mai shaida. Duk da haka ya ce wa Balaraba ta shiga wurin Rabi ta tambaye ta ko za ta yarda ta je ta faɗa wa sufeton da ya riƙe maganar. Ran Laraba Balaraba ta je. Rabi ta yi ta hawaye ta ce ita kam tana so, amma sai an tambayi maigida. Hassan kuwa ya aiko da amsa gajeruwa: matarsa ba ta taɓa tsayawa gaban wani namiji ba, ba kuma za ta fara a gaban Bature ba, kuma shi da Zakari sahu ɗaya suke sallah.

Ran Alhamis aka wayi gari da yayyafi. Aka kawo Zakari cikin kayan fursuna, ya rame, ya zauna yana kallon ƙasa. Safara'u tana can bencin baya, ta lulluɓe har goshi, ita kaɗai. Ba a zo da Maimuna ba.

Lauyan Zakari ya miƙe ya yi magana mai tsawo, Abdurrahim yana juyawa a hankali. Abin da ya kafa maganarsa a kai guda biyu ne. Na farko, majistare ya rubuta a hukuncinsa cewa Zakari ya kasa kawo ko mutum ɗaya da zai gaskata labarin marin. Lauya ya ce wannan juya shari'a ne a baibai: ba wanda ake tuhuma ne zai wanke kansa ba, masu ƙara ne za su kawo hujjar da ba ta bar shakka ba. Ko da Zakari ya yi gum bai ce uffan ba, aikin yana wuyansu. Na biyu, ya ce doka ta hana a ɗaure mutum a irin wannan laifi da bakin mutum ɗaya, balle yarinyar da ba a rantsar ba, sai an sami wani abu daban da ya goyi bayan maganarta, ya kuma nuna wanda ake tuhuma. Ya tambaya, ina wannan abin yake? An wanke zane. Likita ya ce ba zai rantse ba. Ba wanda ya ce ya gani.

Lauyan gwamnati ya tashi ya yi nasa ƙoƙarin. Ya kawo kukan yarinyar, ya kawo zazzaɓin, ya kawo raunin da likita ya gani, ya ce mari ba ya barin irin wannan rauni. Ya ce ba abin da zai sa yarinya 'yar shekara tara ta ƙaga wa babban mutum wannan magana.

Joji dattijon Bature ne, ya daɗe a Arewa, yana jin Hausa kaɗan-kaɗan. Ya yi ta juya takardu, sannan ya cire tabarau ya dubi Abdurrahim.

Ya ce, "Malam tafinta, zan tambaye ka abu a kan harshenku. Yarinyar ta ce ya taɓa ta. Me Bahaushe yake nufi da wannan kalma?"

Maganar Rabi ta faɗo wa Abdurrahim a rai, ƙofar da aka tura da yarinyar da ke bin bango. Ya san in ya ce kalmar ba ta da wata ma'ana sai mai nauyin nan, Joji zai yarda da shi, don shekara tara bai taɓa kama shi da karkata magana ba. Ya kuma san abin da ya ji daga Balaraba ne, ita ma daga Rabi, shi bai ga komai ba.

Ya ce, "Ranka ya daɗe, yarinyar da aka yi wa tarbiyya ba za ta iya kiran sunan wannan abu a gaban maza ba. In an matsa mata, abin da za ta ce ke nan, ya taɓa ni. Kowace uwa ta ji haka ta san abin da ake nufi."

Joji ya rubuta. Ya ɗago ya ce, "Ana faɗar kalmar in an sa wa mutum hannu kawai? Ko in an doke shi?"

"Ana faɗa, ranka ya daɗe."

"Daga abin da ke rubuce a nan, za ka iya ce mini wanne ta nufa?"

Abdurrahim ya ce, "A zuciyata ina da abin da nake zato. Amma daga rubutun kaɗai, ba zan iya rantsewa ba. Ba na wurin."

Joji ya ce ya gode, ya ɗage zama zuwa mako mai zuwa.

A wannan makon Balaraba ba ta sakar masa fuska ba. Ta ji abin da ya faɗa, don Safara'u ta faɗa wa mata a gidan suna. Ran Asabar da ta kawo masa abincin rana ta kasa haƙuri.

Ta ce, "Kalma ɗaya fa, Malam. An ba ka dama a hannu ka sake ta."

Ya ce, "Tambayata aka yi abin da kalmar take nufi, na faɗa."

"In da Zainabu ce fa?" Zainabu ita ce 'yarsu ta fari, shekararta takwas.

Ya ture kwanon gefe. Ya ce, "Kin ɗauka ban yi wannan tunanin ba? Tun ran Litinin nake yin sa." Ya ci gaba da cewa, "Shekarata ta biyu a aikin nan, na yi tafinta a shari'ar wani maigadi. Mutum ɗaya ya ce ya gan shi yana aikata laifin. Kowa ya yarda, ni ma na yarda, har ina jin haushin kallonsa. Aka ɗaure shi. Bayan wata goma sha huɗu wanda ya yi abin ya faɗa da bakinsa. Kafin takardar saki ta isa gidan yari, maigadin ya mutu da ciwon ciki. Ni na juya masa hukuncin da bakina, Balaraba. Har yau ina tuna yadda ya dube ni."

Ta ce, "Amma wannan ka san ya yi."

"Ina zaton ya yi. Zato mai ƙarfi. In na fara juya magana zuwa inda zatona yake, gobe wani tafintan zai juya ta zuwa inda aljihunsa yake, ba kuma wanda zai gane bambancinmu."

Ta ɗauki kwanon ta rufe, ta ce in ya ji yunwa yana nan.

Ranar hukunci Joji ya karanta a hankali, yana tsayawa don a juya. Ya ce majistare ya yi kuskure da ya ɗora wa wanda ake tuhuma aikin wanke kansa. Ya ce ya nemi abin da zai goyi bayan maganar yarinyar yadda doka ta shar'anta, bai samu ba. Don haka ya soke hukuncin, ya sallami Zakari. Abdurrahim ya juya kowace kalma, amma bai dubi bencin baya ba. 'Yan'uwan Zakari suka yi ta hamdala. Shi Zakari ya rufe fuska da tafin hannu, ba wanda ya san ko kuka yake ko me.

A bakin ƙofa Safara'u ta tare shi yana kwance kekensa. Ruwa ya jiƙa mata mayafi.

Ta ce, "Malam, ni ban yi boko ba, ka gaya mini da Hausar da zan gane. Wato an ce 'yata ƙarya ta yi?"

Ya ce, "A'a, Innar Maimuna. Ba a ce haka ba."

"To an ce bai yi ba?"

"Shi ma ba a ce ba. An ce hujjar da aka kawo ba ta kai a ɗaure mutum ba."

Ta dube shi ta ce, "To tsakanin ya yi da bai yi ba, akwai wani wuri ne da mutum zai tsaya?"

Ya tsaya riƙe da kan kekensa.

Ta ce, "Ni na wanke zanen. Da hannuna. Na ɗauka rufa mata asiri nake yi." Ta gyara mayafinta ta bi hanya a ƙasa cikin ruwan.

Washegari Abdurrahim ya yi abin da bai taɓa yi ba. Ya nemi iso wurin Joji a ofishinsa. Akwai wani sakin layi a ƙarshen hukuncin wanda hayaniyar 'yan'uwan Zakari ta danne, ba kowa ya ji shi ba. Ya roƙi izini ya juya shi da Hausa a takarda ya kai wa uwar yarinyar. Joji ya ce hukunci na jama'a ne, ya kai. Da Abdurrahim ya juya zai fita, sai dattijon ya ce, "Ni ma ban ji daɗin wannan shari'a ba, Malam."

Ya rubuta shi da ajami, don Safara'u ta yi allo tana iya bi. Ran Juma'a bayan an sauko daga masallaci ya ce wa Balaraba ta raka shi, don ba zai shiga gidan mace shi kaɗai ba. Ta ɗauki mayafinta ba musu.

Aka yi masa shimfiɗa a zaure. Balaraba ta shiga ciki, ta daɗe, sannan suka fito su uku. Maimuna ta maƙale a bayan uwarta, ta ƙi zama, idonta a ƙasa.

Safara'u ta ce, "Tun da ta ji an sake shi ta daina cin abinci. Yaran maƙwabta sun ce mata Bature ya ce maƙaryaciya ce."

Abdurrahim ya buɗe takardar. Ya ce, "Maimuna, 'yata, ni ne nake faɗa wa mutane abin da Joji ya ce. Ina wurin, da kunnena na ji. Ki saurara." Ya karanta a hankali: "Kada wani ya ɗauka kotun nan ta ce yarinyar ƙarya ta yi. Ba mu ga alamar ƙarya a maganarta ba. Abin da muka ce shi ne, manyan da ya kamata su kawo abin da zai tsaya tare da maganarta ba su kawo ba. Wannan ba laifinta ba ne."

Can sai yarinyar ta ce, da wata 'yar ƙaramar murya, "Baba, da na faɗa duka, da ba a sake shi ba?"

Balaraba ta kau da kai tana share ido. Abdurrahim ya yi tunani kafin ya amsa, don bai so ya yi mata ƙarya ko da ta lallashi ce.

Ya ce, "Ko da kin faɗa duka, doka tana neman wani babba ya zo ya tsaya tare da ke. Ke kin yi naki. Kin tsaya gaban mutanen da ni kaina sai da na yi shekara kafin na daina jin tsoronsu."

Ta ɗago ta dube shi sau ɗaya, ta mai da kai. Uwar ta karɓi takardar ta ninke ta, ta ƙulle a bakin zane.

Zakari ya koma shagonsa. Unguwa ta rabu biyu. Wasu suka ce kotu ta wanke shi, kowa ya kama bakinsa. Wasu suka ci gaba da gaisawa da shi amma suka daina kai masa ɗinki, mata kuma suka hana 'ya'yansu bi ta wannan layin da talla. Da kaka ta wuce Hassan mahauci ya sassauta, ya ce in ana so matarsa ta yi magana a bayan labule. Abdurrahim ya tambayi lauyan gwamnati, aka ce masa an makara, ba a yi wa mutum shari'a sau biyu a kan laifi ɗaya. Kafin azumi Zakari ya ɗaure kekensa na ɗinki ya shiga jirgin ƙasa, aka ce Jos ya nufa. Ba a ƙara jin labarinsa ba.

Safara'u ba ta sake ɗora wa Maimuna talla ba. Balaraba ta riƙa aikawa a kira yarinyar ta zo su yi wasa da Zainabu a cikin gida, da farko ba ta zuwa, daga baya ta fara zuwa tare da uwarta, sannan ita kaɗai. Ta yi kusan shekara kafin a ji dariyarta. Da aka buɗe rajistar 'yan mata a makarantar da Zainabu take, Abdurrahim ne ya kai su su biyu aka rubuta sunayensu.

Shi da Balaraba ba su taɓa daidaitawa a kan amsar da ya ba Joji ba. Ita har ta tsufa tana cewa da ita ce da ta san yadda za ta faɗa. Shi kuma in maganar ta taso sai ya ce Allah ne masani. Ya ƙara shekara goma sha ɗaya yana tafinta. Abin da ya sauya a aikinsa shi ne, duk ranar da za a tsayar da yarinya ta ba da shaida, sai ya roƙi kotu a rage mutanen ɗakin, a kuma bar wata mace ta zauna kusa da ita. Wasu alƙalan suna yarda, wasu su ce ba huruminsa ba ne.